Za Ta Tuna

Ranar da aka yi addu'ar arba'in ɗin yayana, bayan mutane sun watse, aka zauna a ɗakin Hajiya a kan maganar 'yarsa. Farkon shekarar 2018 ne, yarinyar tana da shekara takwas. Sunan Hajiya aka sa mata, shi ya sa ban taɓa kama sunanta ba. Mamana nake ce mata, ita kuma ta ce mini Baffa. Ba a yi nisa da magana ba na ce ni zan riƙe ta. Uwarta tana gefe cikin takaba, kanta a sunkuye. Ba ta so ba, amma ba ta yi musu ba. Da ta fita takaba ta koma gidan iyayenta a Zariya, daga baya ta yi aure a can, yarinya kuma ta dawo hannuna a Kano.

Na yi mata duk abin da na san ana yi. Na sa ta makaranta mai kyau, na sa ta Islamiyya, kayan sallarta kuwa kafin na ɗinka wa kaina nake ɗinka mata. Duk wanda ya shigo gidanmu sai ya ce Allah ya yi mini albarka, na riƙe marainiya. Ni ma haka nake ganin kaina. Abin da ya fara nuna mini cewa da sauran gyara, in na faɗa wasu za su yi dariya. Wasan bidiyo ne.

Ni yaron gidan gem ne. Mun taso muna tara kuɗin tara a je a buga ƙwallo ko dambe a PlayStation, ɗaki cike da zafi da ihu da ƙarar janareta. Dokar wurin ɗaya ce: wanda aka ci ya miƙa hannun gem ya tashi, wanda ya ci ya ci gaba da zama. A nan na fara koyon abin da nake zaton shi ne mazantaka. Kada a ci ka, in kuma an ci ka kada a ga ciwon a fuskarka.

Wajen 2015 wani abokina ya tura mini wani wasa a waya, ya ce wannan ba irin wanda na sani ba ne. Sunansa The Walking Dead, na kamfanin Telltale na Amurka, wanda ya fito a 2012 kashi biyar. Kafin na ci gaba bari na faɗa wa iyaye da ƙannenmu masu karanta wannan: wasannin da zan ambata na manya ne. Akwai jini da kisa da ashar a cikinsu, wani ma akwai wuraren da ni kaina tsallakewa nake yi. Ba na yara ba ne.

A wasan kai ne Lee Everett, malamin tarihi a jami'a a jihar Jojiya. Labarin yana farawa kana bayan motar 'yan sanda za a kai ka kurkuku, saboda ka kashe mutumin da ka kama da matarka. Wato tun kafin ka taɓa komai, an riga an ɗora maka laifin da fushin namiji ya jawo. A hanya duniya ta rikice, matattu suka fara tashi suna cin mutane. Lee ya tsira, ya faɗa wani gida, ya tarar da yarinya 'yar shekara takwas mai suna Clementine ta ɓuya a ɗan ɗakin da aka yi mata a kan bishiya, iyayenta sun yi tafiya ba su dawo ba. Daga nan ta zama a hannunka.

Faɗa kaɗan ne a wasan. Yawancinsa magana ce. Wani zai tambaye ka, amsoshi uku ko huɗu su fito, wani ɗan layi a ƙasa yana ƙanƙancewa. In ya ƙare ba ka zaɓa ba, to shirun ne amsarka, kuma za a lissafa maka shi. Wani lokaci in ka yi magana sai ɗan rubutu ya fito a saman allo yana sanar da kai cewa wane zai tuna da wannan. Na farko da na ga an rubuta cewa Clementine za ta tuna, sai da na ajiye wayar na ɗan yi shiru.

A kashi na biyu an ba ni abinci guda huɗu, mutane goma suna jin yunwa, aka ce na raba. A ƙarshen kashin muka tarar da mota a daji, ƙofa a buɗe, cike da kayan abinci, ba mai ita. Yarinyar ta ce ba namu ba ne. Na zaɓi a ɗiba, don a ganina namiji ba ya barin iyalinsa da yunwa saboda tausayin wanda bai gani ba. Sai a kashi na biyar mai motar ya bayyana. Ya zaunar da Lee a ɗakin otal a garin Savannah, ya faɗa masa yadda rashin abincin nan ya tarwatsa masa gida, sannan ya shiga lissafo mini abubuwan da na yi tun farkon wasan, ɗaya bayan ɗaya. Abubuwan da na danna cikin daƙiƙa biyar na manta, shi yana riƙe da su.

Masu sukar wasan suna cewa zaɓin nan yaudara ne, kuma suna da hujja. Ko ka ɗibi abincin ko ka ƙi, sauran za su ɗiba. Duk yadda ka yi, a ƙarshen kashi na huɗu za a ciji Lee, kuma ba zai tashi ba. Amma ni wannan bai rage mini komai ba. Mutuwa rigar kowa ce. Abin da aka bar maka shi ne irin mutumin da yarinyar za ta ce ya riƙe ta: wanda ya yi mata ƙarya ko wanda ya gaya mata gaskiya, wanda ya kashe mutum a gabanta ko wanda ya dubi idonta ya fasa. Na gama wasan cikin dare, idona ya kawo ruwa, na goge, ban gaya wa kowa ba. Na ɗauka na fahimci darasin. Ashe fahimtar mai kallo na yi, don a lokacin ba ni da ko aure.

A hutun ƙarshen shekarar 2019 uwar Mamana ta kira ni. Bayan gaisuwa ta ce, "Baffansu, don Allah ko sati ɗaya ne a bar ta ta zo mu gana." Na ce zan duba. Ban duba komai ba, na riga na yanke. Na gaya wa kaina hanya ba lafiya, gidan wani ne ban san tarbiyyarsa ba, kuma in ta saba zuwa hankalinta zai rabu biyu. Ƙarƙashin duk wannan akwai abin da ban yarda na kalla ba: haushin cewa matar yayana ta yi aure, da tsoron kada yarinyar ta je ta ga can ya fi mata nan.

Da daddare Mamana ta same ni a tsakar gida ina cin abinci. Ta durƙusa ta ce, "Baffa, Umma ta ce ta yi maka magana."

Na ce, "Ta yi. Ba yanzu ba."

Ta ce, "To sai yaushe, Baffa?"

Na ce, "Na ce ba yanzu ba. Tashi ki je ki kwanta."

Ta tashi ta tafi. Ba ta yi kuka a gabana ba, ni kuma na ɗauki hakan a matsayin ta haƙura. Maiɗakina ta yi mini magana, na ce maganar gidanmu ce. Hajiya da kanta ta kira ni ta ce, "Kai fa uba ne, ba ka zama uwa ba. Ka bar yarinya ta ga uwarta." Na ce, "To Hajiya," na fita, ban canza komai ba. Na riga na faɗa a gaban mata da yara, kuma a yadda na taso, magana in ta fita daga bakin maigida ba ta komawa.

Sai ga kullen korona a watan Afrilun 2020. Kasuwa a rufe, ba fita. Wani maƙwabcina ya ara mini PlayStation 4 da faifan The Witcher 3, wasan da kamfanin CD Projekt Red na ƙasar Folan ya fitar a 2015, wanda aka gina a kan littattafan Andrzej Sapkowski. Na kwashe kusan wata biyu a kansa, duk lokacin da aka kawo wuta ko na samu man janareta.

Jarumin wasan, Geralt, shi ne namijin da yaron gidan gem yake mafarkin zama. Farin gashi, takobi biyu a baya, murya ƙasa-ƙasa, ba ya dariya sosai, sana'arsa kashe dodanni a biya shi. Labarin kuwa neman 'yar riƙonsa yake yi, Ciri, wadda ta riga ta zama budurwa, wasu mugayen mahaya suna farautarta saboda wata baiwa da ke jininta. Ubanta na jini sarki ne, amma Geralt ne ya rene ta. Da na ga haka na gyara zama. Na ce wannan aikina ne, na san shi.

Wasan cike yake da manyan zaɓuɓɓuka, har da na wanda zai ci yaƙi da wanda zai hau mulki, kuma a kansu nake tsayawa na yi dogon tunani. Na bi duk wata hanya ta samun takobi mai kyau da sulke mai ƙarfi. Bayan na gano Ciri, sai wasu 'yan ƙananan maganganu suka riƙa gittawa tsakaninmu, ina amsa su ba tare da na ɗauke su komai ba.

An kashe tsohon da ya koya musu faɗa su duka biyun, Vesemir, tana cikin baƙin ciki tana cewa ta kasa sarrafa baiwarta. Na zaɓi amsar da ke cewa ta kwantar da hankalinta, ba dole ne ta iya komai ba. Wasu matsafa mata masu ƙarfin faɗa-a-ji suka kira ta ganawa, tana fargaba, na ce zan shiga tare da ita, don ban ga dalilin barin yarinya ita kaɗai a gabansu ba. Ta gano an ci amanarta a wani ɗakin bincike, ranta ya ɓaci tana so ta farfasa kayan wurin, na ce ta nutsu. Ta roƙe ni na raka ta kabarin Skjall, wani saurayi da ya taimake ta lokacin da take gudun ceton rai, mutanen garinsu suka yi masa tambarin matsoraci har ya mutu a wulaƙance. Na ce babu lokaci, abokan gaba suna tafe. Abu ɗaya na yi daidai: da uban nata sarki ya miƙo mini kuɗin ladan kawo ta, na ƙi karɓa.

A ƙarshen wasan Ciri takan shiga wata ƙofa ita kaɗai don ta tare wani bala'in sanyi da zai hallaka duniya. Geralt ba zai iya bin ta ba, takubbansa ba su da amfani a wurin. Tana tafiya sai wasan ya riƙa nuno abin da take tunawa. Ba yaƙe-yaƙen da na ci ya nuno ba. Waɗannan 'yan maganganun ne. Ta shiga, ba ta dawo ba. Aka bar ni da Geralt a wata bukka cikin fadama, yana riƙe da sarƙar wuyan da ta bari, kansa a sunkuye, dodanni suna kewaye bukkar. Allo ya yi baƙi.

Na ɗauka wasan ne haka, mai ƙarshen baƙin ciki. Da na duba intanet sai na ga ashe ƙarshe uku ne, a biyu tana rayuwa, kuma abin da ke raba su shi ne waɗannan wurare biyar. Da na ja ta mun yi wasan jifa da dusar ƙanƙara ranar da take baƙin ciki, da na bar ta ta shiga ganawar ita kaɗai, da na bar ta ta huce fushinta, da na raka ta kabarin, da ta samu ƙarfin zuciyar dawowa. Duk amsar da na zaɓa, amsa ce ta mai kariya, mai hankali, mai sanin ya-kamata. Kowacce kuma tana gaya mata abu guda: ban yarda za ki iya ba, kuma abin da ke ranki bai kai a tsaya masa ba.

Wajen ƙarfe biyun dare ne. Na kashe janareta na zauna a tsakar gida, daidai inda ta durƙusa ta tambaye ni sai yaushe. Ba wanda ya ce mini komai. Lissafin da kansa ya zo.

Na sha tambayar kaina me ya sa wasa ya yi abin da Hajiya ba ta yi ba, alhali maganarta ta fi gaskiya kuma ta fi kusa. Amsar da na samu ba ta yi mini daɗi ba. Lokacin da Hajiya ta yi magana akwai idon mutane, akwai girman da nake karewa, kunnena yana jin ta amma zuciyata tana neman hanyar da ba za a ce na janye ba. A gaban allo kuwa ba kowa. Ba wanda ya yi mini wa'azi, ba wanda zan yi wa musu. Ni na danna da hannuna, aka bar ni na yi nisa har na manta, sannan aka ajiye mini sakamakon a gabana. Fim ko littafi zai nuna maka kuskuren wani ka girgiza kai. A nan ba wanda zan nuna da yatsa.

Daga baya na ga irin wannan a Red Dead Redemption 2 na kamfanin Rockstar, wanda ya fito a 2018. Kai ne Arthur Morgan, ɗan fashi a Amurkar 1899, ƙaƙƙarfa mai biyayya ga ubangidansa. Tun da wuri ana aiken ka karɓo bashi wurin wani talaka marar lafiya, Thomas Downes, ka lakaɗa masa duka a gonarsa, ya yi tari jininsa ya fantsar maka a fuska. A nan wasan bai ba ka zaɓi ba, dole ka yi. Sai bayan sa'o'i masu yawa Arthur ya fara tari, likita ya ce tarin fuka ne. Ƙarfin da yake taƙama da shi, ta nan ajalinsa ya shigo. Abin da ya rage a hannunka shi ne yadda zai yi da sauran kwanakinsa, ko ya ci gaba da karɓar bashin ko ya fara yafewa.

Ba ina cewa waɗannan wasanni malamai ba ne. Kamfanoni ne suka yi su don kuɗi, kuma suna da nasu makantar. A yawancinsu namiji ne ke riƙe da labarin, yarinyar kuma an kawo ta ne don shi ya gyaru. Uwa sau da yawa ta mutu ko tana gefe. Ni ma haka na kalli gidana: ni ne jarumin, Mamana amanar da aka ba ni, uwarta kuwa wata murya ce a waya. A zango na biyu na The Walking Dead, wanda ya fara fita a ƙarshen 2013, Clementine ce kake sarrafawa da kanta. Sai ka ga yadda duniya take in kai ne ƙaramin, manya suna yanke hukunci a kanka suna cewa don amfaninka ne. Na buga shi tun kafin rasuwar yayana, amma ban taɓa kawo Mamana a wannan matsayin ba sai daren nan.

Da aka buɗe hanyoyi na kira uwarta na ce muna tafe ranar Asabar. Ta yi shiru, sannan ta ce, "Allah ya saka da alheri, Baffansu." Ni na kai ta da kaina. A mota na yi ta juya maganar da zan faɗa, har muka wuce Kwanar Dangora ban buɗe baki ba. Can na ce, "Mamana, abin da na yi miki lokacin hutu ban kyauta ba. Ki yi haƙuri."

Ta dube ni kamar ba ta gane yaren ba. Ina jin ba ta taɓa jin babban namiji ya ba yaro haƙuri ba, ni ma ban taɓa ji ba. Ta ce, "Ba komai, Baffa," ta mayar da fuskarta taga.

Da muka isa, uwar ta fito da gudu ba ko mayafi sosai, suka rungume juna a soro suna kuka. Rabon su da juna ya kusa shekara biyu. Mijin ya shimfiɗa mini tabarma a waje, mutumin kirki, muka gaisa. Na zauna ina jin kukan ta cikin gida, na san ni na tara shi.

Wasan Witcher na sake buga ƙarshensa kafin na mayar wa maƙwabcina kayansa. Na koma baya inda na yi ajiya, na yi wasan ƙanƙarar, na raka ta kabarin, ta dawo da ranta. Abin bai ɗauke ni kwana uku ba, kuma Ciri ba ta san an taɓa yin na farkon ba.

Mamana ta sani. Yanzu ta zama budurwa, duk hutu tana Zariya, wani lokaci ita take zaɓar ta ƙara sati ban ce komai ba. Muna hira, muna dariya, tana yi mini gyara in waya ta rikice mini. Amma na lura da wani abu. In tana son wani abu mai muhimmanci, ba ta zuwa wurina kai tsaye. Sai ta bi ta wurin maiɗakina, ko ta wurin Hajiya, su su kawo mini. Tun daren da na ce ta tashi ta je ta kwanta, ba ta sake durƙusawa a gabana ta roƙi abin da ke ranta ba.

Kwanakin baya maiɗakina ta ce mini yarinyar tana so in ta gama sakandare ta nemi jami'a a Zariya, kusa da uwarta, tana tsoron gaya mini. Na ji tsohon abin nan ya taso mini a ƙirji, har da hujjojinsa a shirye: hanya, tarbiyya, gidan wani. Na bar shi ya kwanta. Bayan sallar isha na leƙa ɗakinsu na ce, "Mamana, zo ki gaya mini da bakinki. Wane fanni kike so ki karanta?"

Ta fito ta tsaya a bakin ƙofa, tana duban fuskata ta ga ko da gaske nake. Na jawo mata kujera na ce ta zauna.